Naman ƙaguwa na gwangwani a miya mai kirim

Ga mai son dafa miyar ƙaguwa mai kirim a gida, naman da ake sayarwa a gwangwani yana rage wahala ƙwarai, domin an riga an dafa shi, an kuma ɓare shi daga ɓawonsa. Irin da na gwada na jikin ƙaguwar ne, fari sol, curi-curi, kuma bai dagargaje ba da ya shiga tukunya.

Aibinsa biyu ne. Ruwan da aka adana shi a ciki yana da gishiri sosai, don haka dole a tsiyaye shi tukuna, sannan a bi naman da yatsa a tsince ƙananan ɓawon da kan maƙale. Ƙamshinsa kuma bai kai na ɗanyar ƙaguwa ba, ko da yake albasar da aka soya da bota da ɗan fulawa tana cike wannan giɓi.

Tunda dafaffe ne, ana zuba shi ne a ƙarshe, bayan an rage wuta an sa kirim, ya yi minti 3 zuwa 5 kawai. Idan aka bar miyar ta tafasa da ƙarfi, kirim ɗin yakan tsinke, naman kuma ya yi tauri.