Yorktown, 1781: Wasiƙu da guzurin Ingila a gefe guda, na Amurka da Faransa a ɗaya gefen

Wani ɗan uwa ya yi tambaya: ta yaya Ingila, mai rundunar ruwa mafi ƙarfi a wancan zamani, ta bari aka yi wa sojojinta ƙawanya a Yorktown ta Virginia, a yaƙin neman 'yancin Amurka, har suka miƙa wuya ranar 19 ga Oktoba 1781? Ƙarancin sojoji ne, ko rashin jarumta? Malam, in ka jera ɓangarorin biyu za ka tarar an gama yawancin aikin tun kafin a harba igwa ta farko, kuma a kan takarda aka gama shi.

Nisa bai bar kowa ba. Saƙon Lord Germain, ministan Ingila mai kula da Amurka, daga Landan kan yi wata biyu a teku kafin ya iso New York, inda babban kwamanda Janar Clinton yake zaune. Daga wurin Clinton zuwa Janar Cornwallis a Virginia kuma mako guda ne ko fiye, gwargwadon iska. Washington, kwamandan Amurka, da Rochambeau, kwamandan sojojin Faransa da ke taimaka masa, su ma ba su fi haka sauƙi ba, domin jiragen da suka dogara da su suna can tsibiran Karibiyan ƙarƙashin Admiral de Grasse na Faransa. Bambancin yana cikin abin da aka rubuta.

Dubi ɓangaren Ingila. A watan Mayu Washington da Rochambeau suka gana a Wethersfield suka tsara kai wa New York hari. Mutanen Clinton suka tare jakar wasiƙu, shirin ya faɗa hannunsa, daga nan hankalinsa ya kasa barin New York. Wasiƙunsa na tsakiyar Yuni suka umarci Cornwallis ya turo wani kaso na sojojinsa arewa. Wata ta biyo baya ta ce a nufi Philadelphia da su, wata ta sake cewa New York. Ana cikin loda mutane a jirage, ranar 20 ga Yuli sabon umarni ya iso: ka riƙe su, ka gina sansanin da manyan jiragen yaƙi za su iya tsayawa. Injiniyoyi suka duba Old Point Comfort suka ce bai yi ba, sai Cornwallis ya zauna Yorktown da Gloucester da ke tsallaken kogin York a farkon Agusta. Kowace wasiƙa tana amsa halin da ya riga ya wuce, wasu ma ba sa zuwa bisa jerin da aka rubuta su. Kuma Clinton da Cornwallis ba sa ga-maciji, kowa na rubutu yana tanadin hujjar da zai kare kansa a Landan. Gargaɗin da Admiral Rodney na Ingila ya aiko daga Karibiyan cewa Faransawa na tafe, bai iske Admiral Graves, shugaban jiragen Ingila a New York, a kan lokaci ba, don jirgin da ke ɗauke da shi ya gamu da masu farautar jirage a gaɓar Long Island.

Yanzu dubi ɗaya ɓangaren. Wasiƙar de Grasse ta iso hannun Washington ranar 14 ga Agusta, kuma ta ƙunshi abubuwa huɗu da mai shirya tafiya yake bukata: wuri, wato mashigin Chesapeake inda kogin York ke faɗawa, ƙarfi, jirage kusan 30 da sojoji sama da 3,000, lokacin tashi, da wa'adi, cewa ba zai wuce tsakiyar Oktoba ba. Washington ya fi son New York, amma ya haƙura. Kwana biyar bayan haka rundunar ta kama hanya, tafiyar sama da mil 400. Don a ci gaba da ruɗa Clinton, aka gina tanderun gasa burodi a Chatham cikin New Jersey, kamar masu shirin doguwar ƙawanya a New York, aka kuma bar wasu takardun bogi su kai gare shi. Sai 2 ga Satumba Clinton ya rubuta wa Cornwallis cewa ga alama kudu suka nufa. A lokacin suna ratsa Philadelphia.

Batun guzuri shi ne inda na fi so a tsaya. Kuɗin takarda na Majalisar Amurka ya riga ya mutu, manomi ba ya karɓa. Faransawa kuwa da azurfa suke biya, shi ya sa shanu da gari da amalanke ke fitowa idan su ne masu saye. Sojojin Washington sun daɗe ba albashi, ana tsoron su ƙi wucewa kudu, sai Robert Morris, mai kula da baitulmali, ya ari tsabar kuɗi daga akwatin Rochambeau aka biya su na wata ɗaya a Head of Elk, can ƙarshen arewacin mashigin Chesapeake. Akwatin ma ya kusa ƙarewa. Abin da ya cike shi shi ne peso 500,000 da Francisco de Saavedra, jami'in Sifaniya, ya tara wa de Grasse a Havana. Manyan igwoyin fasa ganuwa ba a ja su ta ƙasa ba, don da shanu za su ƙare a hanya. Admiral de Barras na Faransa ne ya ɗauko su daga Newport tare da naman gishiri, ya yi zagaye mai nisa a teku don kauce wa Ingilishi. Ba komai ne ya tafi daidai ba: a Head of Elk jirage suka yi kaɗan, yawancin sojoji suka taka zuwa Baltimore da Annapolis kafin a kwashe su. A Virginia kuma Gwamna Thomas Nelson da ƙarfin hukuma ya riƙa karɓar masara da dabbobi.

Ingila kuwa jijiyarta ɗaya ce, teku. Yawancin abincin sojojinta daga Cork ta Ireland ake lodo shi zuwa New York, daga nan a rarraba. Ranar 5 ga Satumba Graves da jirage 19 ya kara da de Grasse mai 24 a bakin Chesapeake, Graves ya koma New York gyara, jijiyar ta yanke. Harawa ta ƙare a Yorktown, aka riƙa kashe dawaki ana jefawa a kogin York. Mafi ciwo, bayi baƙar fata da suka gudo wurin Ingilishi neman 'yanci, suka yi musu aikin haƙa ramuka, an kore su daga sansanin don a rage bakin ci, da yawansu na fama da agana.

Wasiƙar da ta fi yin ɓarna ita ce ta Clinton mai kwanan 24 ga Satumba, wadda ta iso ranar 29. Ta ce ana sa ran jirage da sojoji 5,000 za su taso wajen 5 ga Oktoba. A daren nan Cornwallis ya janye daga shingayensa na waje don ya tattara ƙarfi ya jira, abokan gaba suka wayi gari suka shige su ba tare da faɗa ba. Alhali ranar tashin ba a hannun Clinton take ba, tana hannun kafintocin da ke gyaran jiragen Graves. De Grasse ya yi alkawari da jiragen da yake riƙe da su. Clinton ya yi da na wani. A ganina wannan ya fi duk wani kuskuren fagen fama nauyi, domin ya hana Cornwallis yunƙurin fasa ƙawanyar tun tana da sauƙi.

Sauran ya tafi da sauri. An haƙa layin rami na farko 6 ga Oktoba, igwa ta fara aiki ranar 9, aka ƙwace shingaye na 9 da na 10 ranar 14. Yunƙurin tsallaka kogi zuwa Gloucester a daren 16 guguwa ta watsa shi. Clinton ya bar New York da sojoji 7,000 ranar 19, ranar da sama da mutum 7,000 na Cornwallis suka ajiye makamai, ya iso bakin mashigin ranar 24. Labarin bai kai Landan ba sai 25 ga Nuwamba.