Abra ta dirhami ɗaya da jirgin cin abincin dare a Dubai, wanne ya ci kuɗinsa?

Jama'a masu zuwa Dubai saro kaya, musamman mutanenmu na Kantin Kwari da 'yan waya da masu turare, na lura yawancinmu daga otel sai kasuwar Naif sai wajen 'yan kago, shikenan sai filin jirgi, mutum zai yi shekara da shekaru yana sauka a unguwar Dera amma bai taɓa taka bakin ruwan da ke bayan kasuwar ba alhali da ƙafa ma za ka je. Abu biyu na shiga a kan ruwan nan da suke kira Khor Dubai. Ɗaya kwalekwalen katako ne mai inji da suke ce wa abra, ɗayan kuma babban jirgin katakon nan ne da ake cin abincin dare a ciki wanda 'yan otel ke ta tallata maka tun ranar da ka sauka. To ga abin da na gani.

Abra dai ba wani tikiti, ba layin kanta, ka gangara tasha kawai ka shiga ka zauna. Benci ne guda dogo a tsakiya, mutane na zaune baya da baya kowa na kallon ruwa, da ɗan rufi a sama saboda rana, direban kuma yana tsakiya a wani ɗan rami da sitiyarinsa. Mutum ashirin take ɗauka, tana cika take tashi, wata na nan a bayanta, yadda A Daidaita Sahu ke lodi a bakin kasuwa haka suke yi sak. Sai an fara tafiya direban ke zagayowa ya karɓi kuɗi, dirhami ɗaya tak, a garin da ruwan roba ma a wani wurin ya fi haka tsada. Minti biyar ka tsallaka. Hanya biyu ce, ɗaya daga tsohuwar kasuwar Dera kusa da 'yan kayan ƙamshi zuwa Bur Dubai, wato unguwar da ke tsallaken ruwan, ɗayar daga Sabkha zuwa kasuwar yadi ta tsallake, wannan ta Sabkha ɗin dare da rana take aiki. Ka riƙe canji a aljihu dai, kar ka zaro ɗari ka miƙa wa bawan Allah. Kuma gefenta babu wani shinge, in da yaro ka riƙe shi gam, wayarka ma haka, don lokacin da za a tsaya sai ta ɗan bugi gefen tashar ka ji gif, ga hayaƙin gas in ka zauna ta baya. Ni waɗannan ba su dame ni ba.

Abin da ya sa nake cewa ta fi ƙarfin kuɗinta shi ne abin da ido ke gani a minti biyar ɗin nan. Ta ɓangaren Dera za ka hango manyan jiragen katako an jera su biyu biyu uku uku, an shafa musu shuɗin fenti, ma'aikatansu 'yan Iran da Indiya da Pakistan sun shanya kaya a sama suna dafa shayi, a ƙasa kuma ga firij ga taya ga injin wanki ga katan katan an jibge a bakin titi. Waɗannan ba na 'yan yawon buɗe ido ba ne, jiragen haya ne na gaske, kaya suke kaiwa Iran da Somaliya da Yaman har yau ɗin nan da ake ta maganar kwantena. Inji suke amfani da shi yanzu, amma ƙirar ta kakanni ce.

Kuma wallahi in ka bi tarihin sai ka ga garin nan ruwa ne ya yi shi tun kafin a san da mai. A 1833 ne mutum wajen 800 na ƙabilar Bani Yas suka baro Abu Dhabi ƙarƙashin Maktoum bin Butti suka zauna a bakin wannan ruwan, zuriyarsa ce ke sarauta har yanzu. Me suka zo nema a wurin da ba noma ba kogi? Mashigar ruwan ce, don teku ya kutso cikin ƙasa wajen kilomita 14, jirgi zai shigo ya fake daga iska ya sauke kaya lafiya lau. A farkon shekarun 1900 da gwamnatin Farisa, wato Iran, ta ƙaƙaba wa 'yan kasuwar garinta na bakin teku Lingah haraji mai nauyi, sarkin Dubai na lokacin Maktoum bin Hashar sai ya yi dabara ya cire kuɗin kwastan ya ce su taho, suka ko kwaso dukiyarsu suka tsallako. Unguwar nan mai gidaje masu hasumiyar kama iska da abra ke sauke ka kusa da ita, wadda ake ce wa Bastakiya, sunan garin Bastak na Iran ta ci, don daga can masu ita suka fito. Wato wannan salon na a sauƙaƙa haraji ɗan kasuwa ya zo da kansa, wanda ya kawo ni da ku Dubai, ya haura shekara ɗari.

In ka sauka a Bur Dubai ka taka kaɗan zuwa Shindagha akwai gidan tarihi a tsofaffin gidajen masu sarauta, har da sashe guda na rayuwar teku, a nan ne na daɗe a tsaye kan maganar lu'ulu'u. Kafin mai abin da suke ci da shi kenan. Tsakiyar zafi, daga wajen Yuni zuwa Satumba, wata huɗu cur maza na kan teku ba sa dawowa gida, mata ne ke riƙe da gari. Mai nutso zai matse hancinsa da wani ɗan abu da aka sassaƙa da ƙoƙon kunkuru, ya ɗaura dutse a ƙafa ya nitse ƙasan teku da numfashi ɗaya, ya tsinto ƙumba a kwando, in numfashi ya ƙare ya ja igiya, wani a sama wanda aikinsa kenan ya fizgo shi da sauri, in wancan ya yi sakaci to sai dai gawa. Haka za a yi ta yi tun safe har yamma a kan dabino da gahawa, sai dare a ci shinkafa da kifi. Har mawaƙi gare su a jirgi, nahham, shi ke ba da waƙa lokacin jan igiya da tuƙi don kar gwiwa ta yi sanyi. Shugaban jirgin nakhoda shi ke ba su bashi kafin a fita don su bar wa iyali, in kakar ba ta yi kyau ba bashin ya hau na baɗi, har mutum ya mutu ɗansa ya gaji bashin ya shiga ruwa. Kuma da yawa cikin masu nutson bayi ne da aka kwaso daga gabashin Afirka, wannan ba a cika ɗaga murya a kansa ba amma haka yake. Sai Japanawa suka gano yadda ake kiwon lu'ulu'u, Mikimoto shi ne ya yi suna a kai, ga karyewar tattalin arzikin duniya ta 1929, kafin ka ce kwabo sana'ar ta mutu murus, aka sha yunwa a garin nan da kuke gani.

Su jiragen fatauci kuma iska ce ke tsara musu shekara. Daga wajen Disamba tana kaɗowa daga arewa maso gabas ta tura su da dabinon Basra zuwa Mombasa da Lamu da Zanzibar, sai su zauna can wata da watanni suna jira ta juyo wajen Afrilu ta maido su. To namiji ya zauna wata uku huɗu a gari duk shekara ai kun san sauran, aure ne da 'ya'ya, shi ya sa Swahili ke cike da kalmomin Larabci, har sarkin Oman Sayyid Sa'id ya tattara ya mayar da fadarsa Zanzibar. A dawowa suna lodo itacen bakin teku na can wanda da shi ake yin azarar rufin ɗaki, shi ya sa ɗakunan tsofaffin gidajen Bastakiya ba su da faɗi, iya tsawon itacen iya faɗin ɗakin. Katakon ƙera jirgin kansa daga Kerala ta Indiya yake zuwa. Kuɗin da ake kashewa a Dubai ma rupi ne irin na Indiya har zuwa 1966, shekarar da aka samu mai. Shinkafar da suke ci da kayan ƙamshin da ke cikinta duk jirgi ne ya kawo.

Shi kansa ruwan da abra ke bi ya taɓa cikewa da yashi har manyan jirage suka daina shiga, sarkin Dubai na lokacin Sheikh Rashid ne ya ciyo bashi daga Kuwait aka yashe shi a ƙarshen shekarun 1950, daga baya ya gina tashar jiragen ruwa ta Rashid a 1972 da ta Jebel Ali a 1979, inda kwantenoninmu ke tasowa su nufo Apapa ko Kwatano.

To sai jirgin abincin dare. Ba zan kama sunan kamfanin ba don suna da yawa kuma kusan duk tafiyarsu ɗaya. Ɗari da wani abu na biya ta hannun yaron otel, aka ce mota za ta zo bakwai, ba ta zo ba sai da muka gaji da tsayuwa, muka isa an cika teburan sama masu iska aka tura mu ƙasa cikin gilashi da esi, inda in ka kalli taga fuskarka kake gani saboda fitilun ciki. Jirgin na katako ne da gaske, an nannaɗe shi da ƙananan fitilu, a hoto ya yi kyau ba ƙarya. Abinci bufe ne, biryani da gasasshiyar kaza da taliya da salak, kazar ta huce, shinkafar ba laifi, amma dai ɗan gidan abincin 'yan Pakistan na lungun Naif ya fi shi daɗi nesa ba kusa ba a kan kwatan kuɗin. Sai kiɗa kamar za a fasa kunne, sai wani ya fito yana juyi da siket mai fitilu, tanura, wadda ma rawar Masar ce ba ta mutanen wurin ba. Awa biyu muna kan ruwan da ke da duk wancan tarihin, mun wuce ta gaban jiragen Somaliya da gidan tsohon sarki, ba wanda ya ɗau makirfo ya ce mana ga kaza ga kaza. In da iyali ka zo kuma hajiya na son hoto, to ba zan hana ka ba, amma ka tabbatar tun wajen biya an rubuta maka teburin sama, kuma ka tambaya ko ana sayar da giya a jirgin don wasu suna yi.

Ni a wurina abra ta ci tauraro biyar, jirgin dare biyu, na biyun ma don iskar da na sha ne da na hau sama daga ƙarshe. Wanda yake son zagayen ruwan sosai ba tsallakawa kawai ba, ana ɗaukar shatar abra sukutum awa guda a kan dirhami 120, ku haɗu ku biyar ko shida ku raba, ku ce wa direban ya bi da ku ta gefen jiragen lodi a hankali. Bayan la'asar ya fi, rana ta yi sanyi kuma ana tsaka da lodi, ku sauka a Bur Dubai ku yi magariba a babban masallacin da ke bayan kasuwar yadi. In lokacin zafi ne irin Yuli da Agusta kar ma ku fara da rana tsaka.