A Love Supreme na John Coltrane: a saurare shi yadda ya kamata

A nan Yamai akwai masu wannan faifai na John Coltrane, makaɗin jazz na Amurka, a wayarsu da ba su taɓa jin rabin abin da ke cikinsa ba. Laifin na hanyar saurare ne.

Mutum huɗu suka yi aikin ranar 9 ga Disamba 1964, a ɗakin ɗaukar sauti na Rudy Van Gelder a jihar New Jersey ta Amurka, kamfanin Impulse! ya fitar da shi a 1965. Coltrane ke busa saksofon, McCoy Tyner na kan fiyano, Elvin Jones na ganguna, Jimmy Garrison kuma yana riƙe da babban bas na katako wanda ake tsinka da yatsa. Kashi huɗu ne, minti 33 kacal.

Kashin farko gaba ɗaya yana zaune ne a kan sauti huɗu da Garrison ke maimaitawa. Coltrane yakan ɗauki sautin nan huɗu ya zaga da su sama da ƙasa, daga baya ya ajiye busa ya rera su da baki. To lasifikar waya ba ta fitar da ƙasan sauti, sai bas ɗin ya ɓace, a bar mutum da busa mai kamar ba ta da alƙibla. Shi ya sa wasu ke cewa hayaniya ce. A nemi lasifika mai girma, ko abin kunne mai rufe kunnuwa biyu. Kunne ɗaya bai isa ba, domin an raba busa da ganguna gefe-gefe.

In za a tura muku a katin memori a Babbar Kasuwa, ku duba nauyinsa. MP3 mai lamba 320, wato mafi ingancin sauti, zai kai kusan mega 80. In kun ga mega 30 da ƴan kai, mai 128 ne, an matse shi, kuma farantan tagulla da Jones ke bugawa tare da ganguna su ke fara lalacewa, su koma shuuu kamar iska. A kuma kashe saitin da ke yamutsa jerin waƙoƙi, don kashi na uku yana zarcewa cikin na huɗu ba yankewa.

Na huɗun, Psalm, shi ne zuciyar aikin. Coltrane ya rubuta waƙar godiya ga Ubangiji a bangon faifan, sannan ya busa ta gaɓa da gaɓa, yadda kalangu ke bin kirari. Duk wanda ya riƙe rubutun yana bi zai ji inda kowace jimla ta tsaya, inda ya ja numfashi.

Inda na ga rauni shi ne ƙarshen kashi na uku, da Garrison ya daɗe shi kaɗai. Sabon shiga zai iya ƙosawa, musamman in fanka na kaɗawa ko janareto na ruri. Ba kiɗan fada da shayi ba ne, yana son dare da natsuwa. Masu faifan garmaho kuwa su ajiye shi a tsaye, nesa da taga, don zafin Afrilu yana lanƙwasa shi.