Gidan kallon unguwarmu da damben mutanen Wels

Gaskiya gidan kallon nan na bayan kasuwa a Garwa ya burge ni, ranar da babu kwallo mai gidan sai ya sa tsofaffin wasannin damben boksin, shiga dala ashirin ta sefa kacal. Daren Laraba ya sa mana Joe Calzaghe, mutumin Wels na Birtaniya, wasansa da Kessler dan Denmark a Kadif, babban birnin Wels, a 2007. Kai jama'a! Bahago ne, hannunsa kamar walkiya, wasa 46 ya yi har ya ajiye ba wanda ya taba cin shi, kuma babansa ne ke horar da shi.

Bayan nan ya sa Tommy Farr da Joe Louis na 1937, baki da fari ne hoton na rawa, amma ka ga Farr, shi ma dan Wels, yaron da ya taso a ramin hakar gawayi, ya tsaya turmi 15 cur da Louis zakaran duniya, wani dattijo kusa da ni sai cewa yake "wannan ai Shago ne".

Matsalar dai zafi, fanka daya ce tal, benci kuma ya ci min riga da kusa. Malam a gyara don Allah, Laraba ina nan tafe.