Sharhi: fankar banɗaki ta bango mai inci 6

Fankar da na gwada mai fitar da iska waje ce, ta roba, mai inci 6 (milimita 150), da murfin da ke buɗewa idan ta tashi, ya rufe idan an kashe ta. Wutar da take ci ba ta wuce wat 25 ba, ko ƙaramar inbata tana ɗaukarta. A banɗaki mai mita 2 da mita 1.5, tana kwashe tururi da wari cikin minti goma zuwa sha biyar.

Amma rabin aikinta yana wajen dasawa. Ramin da za a fasa mata a bango ya kasance can sama, ƙasa da silin kaɗan, nesa da ƙofa, kuma aƙalla santimita 60 daga shawa. A kauce wa linta (kankaren da ke saman ƙofa da taga) da hanyar wayar wuta. Bulo mai inci 9 rami ne a cikinsa. In aka fasa aka cusa fankar haka nan, danshi cikin bulon zai riƙa shiga, fenti ya kumbura ya ɓare. Sai a sa guntun bututun PVC mai inci 6 ya ratsa bangon, a ɗan karkatar da shi ƙasa ta waje don kada ruwa ya gangaro ciki, a cike gefensa da siminti. Fisha huɗu (robar da ake cusawa a bango don ta riƙe sukuru) da sukurori sun isa riƙe ta. Waya mai milimita 1.5 ta wadatar, makunnin a waje, kuma a sauke wutar gida kafin a taɓa komai.

A Sakkwato, in da hali, kada a dasa ta a bangon gabas. Daga can hadarin damina ke tasowa, iskar hunturu kuma daga arewa maso gabas take kaɗowa. Murfin nan sakwa-sakwa ne, shi ne raunin fankar: iska na bugunsa ya yi ta ƙwanƙwasa da dare, ƙura ta daskare masa har ya daina rufewa. Lokacin hunturu sai an goge shi da fukafukan duk wata. Raga ta waje dole ce, saboda sauro da ƙadangaru.

Masu cewa ba ta ja, su duba ƙasan ƙofa. In babu tazarar kamar santimita 2 da iska za ta shigo, ƙara kawai za ta yi. A kara takarda a fuskarta: in ta manne, tana ja.

Zan sake sayenta, sai dai mai boris (ƙananan ƙwallayen ƙarfe da sandar injin ke juyawa a kansu) zan nema, don mai bushin (zoben da sandar ke juyawa a cikinsa) tana saurin fara kuka a zafin Afrilu da ke haura digiri 40.