Ofishin lauyoyin da suka tsaya wa kawuna kan kuɗin ajiyar kotu, ga abin da na gani

Gaskiya idan zan ba su maki zan ba su huɗu cikin biyar. Wasu matasan lauyoyi ne a Kano, ofishinsu ɗan ƙarami a saman bene, ba AC sai fanka, fayil-fayil har kan kujerar baƙi, amma aikin da suka yi wa kawuna Allah kaɗai zai biya su.

Kawu ɗan kasuwar hatsi ne a Dawanau, rigimar bashi ce ta haɗa shi da wani mai ba shi kaya, aka je kotu aka yanke ya biya naira miliyan 2 da wani abu, shi kuma ya rantse ya biya rabi tun da daɗewa sai dai ba rasit, a hannu ya bayar. Ya ɗaukaka ƙara. Mu duk a gida mun ɗauka da an ɗaukaka ƙara shi kenan komai ya tsaya sai an gama, ashe ba haka doka take ba, ɗaukaka ƙara ba ta hana a zartar da hukunci, sai ka shigar da roƙo daban na a dakatar. Aka amsa roƙon amma da sharaɗin ya zuba kuɗin gaba ɗaya a asusun kotu a hannun rajistara har a gama shari'a. To jama'a mutumin da jarinsa ya karye ina zai samo miliyan 2 ya ajiye? Ga kuma kuɗin haɗa takardun shari'a da za a tura kotun sama, shi ma sai ka biya. Na san dalilin ajiyar, don kar wanda ya ci shari'a ya tashi a tutar babu ne, amma wallahi ga marar hali wannan sharaɗin daidai yake da a ce masa kar ya ɗaukaka ƙarar ma.

Abin da ya fi burge ni da su shi ne bayani. Baristar da ta riƙe fayil ɗin ta zaunar da shi da Hausa tsantsa, ta ce Baba kotu ba ta aiki da "ba ni da shi" a baki, sai kun nuna mata. Ta sa ya kawo bayanan asusunsa na banki, da littafin da yake rubuta 'yan bashi wanda duk ya yage gefe, da takardar kuɗin makarantar yara, ta haɗa takardar rantsuwa ta roƙi a sassauta sharaɗin, a karɓi wani kaso da takardar filinsa a matsayin jingina. Kuma ba ta yi masa alƙawarin ƙarya ba, ta ce Baba wannan ganin dama ne na alƙali, zai iya yarda zai iya ƙi. Cikin ikon Allah aka yarda, ba a zo an kwashe masa kaya an yi gwanjo ba.

Kuɗin aikinsu ma da sauƙi, kuma sun yarda a biya kaɗan-kaɗan, duk abin da ka bayar sai an rubuta maka rasit. Ita ce ma ta gaya mana akwai Hukumar Legal Aid ta gwamnatin tarayya da aka kafa tun 1976, tana ba da lauya kyauta, dokarta ta 2011 ta fi duba wanda samunsa bai wuce mafi ƙarancin albashi ba, wanda ya koma naira 70,000 a 2024. Ta kuma ce da tun farko ya zo da sai ta tura su sulhu kafin abin ya kai haka.

Inda na rage musu maki ɗaya kuwa waya ce. Haba! ka kira ka kira ba a ɗauka, ka tura saƙo a WhatsApp sai washegari, dattijo yana gida hankalinsa a tashe bai san an ɗage zama ba sai da ya hau adaidaita ya je. Aiki ya musu yawa na sani, amma su ɗauki ko yaro ɗaya ne mai amsa waya don Allah. Benen ma yana ba tsofaffi wahala.

Shari'ar dai har yanzu tana gaban kotu, kuma su ne ke riƙe da ita, maƙwabcinmu ma da ke da rigimar kuɗin haya na riga na kwatanta masa wurin.