Lambda 2.5 EC a kan farar tumfafiya: yana aiki, amma ga wanda ya yi sammako

Duk shagon maganin gona da ka shiga a Gwagwalada ko Kuje ka ce fara ta dame ka, kwalbar da za a fara miƙo maka ita ce ta lambda-cyhalothrin, wadda manoma suka taƙaita suna ce mata lambda. Kamfanoni da yawa ke yin sa, kowa da sunan da ya laƙaba wa nasa. Rubutun 2.5 EC da ke jikin kwalbar na nufin giram 25 na ainihin dafin a cikin kowace lita. A kan farar tumfafiya, wato mai zanen baƙi da rawaya da ja, mai warin nan, maganin ya cancanci kuɗinsa. Sai dai yawancin masu sayensa a makare suke zuwa.

Uwar tana binne ƙwanta a ƙasa, wuri mai inuwa, a farkon damina, kuma da yawansu waje ɗaya suke taruwa su yi. Ƙwan na kwance wata shida zuwa bakwai, sai ruwa ya ɗauke wajen Oktoba da Nuwamba ya ƙyanƙyashe. 'Ya'yan ba su da fiffike ko kaɗan. Baƙaƙe ne ƙanana masu ɗigon rawaya, kuma ba sa rabuwa da juna. Je ka bakin gona kafin rana ta fito, za ka tarar da su cunkushe a kan tsiro ɗaya ko biyu, galibi ciyawar Awolowo, wadda ake ce wa Siam weed da Turanci, sanyi da raɓa sun kama su, ko ka girgiza reshen da ƙyar suke motsi. Wannan ne lokacin lambda. Ba gona za ka fesa ba, taron za ka fesa, kuma cikin famfon goyo ɗaya na iya gamawa da abin da zai cinye rogon kadada guda a watan Fabrairu.

Idan aka bar su suna saɓa sau biyar zuwa shida kafin su balaga. Da ciyawa ta bushe sai su watsu cikin rogo da lambunan fadama, su cinye ganye, su koma gurgurar ɓawon itacen rogon har ya yi fari. Irin da za a dasa baɗi ma ya tafi ke nan. Cikin manyan akwai masu dogon fiffike da ke tashi, akwai masu guntu da sai dai tsalle. A wannan matakin maganin yana kashe wadda ya taɓa, amma gobe wasu sun shigo daga daji, ga shi sai an bi gonar kaf. Kadada na cin famfon goyo mai lita 16 kusan sau goma sha biyu.

Awon da aka saba shi ne mililita 30 zuwa 40 a famfo ɗaya, amma abin da takardar kwalbarka ta ce shi ne gaba. A auna da kofin awo ko sirinji, ban da gwangwanin tumatir. Zuba ruwa rabi, sa magani, girgiza, sannan a cika. Ruwan ya zama mai tsabta, domin mai laka yana riƙe dafin yana kuma toshe bakin famfo, mai kanwa-kanwa kuwa yana karya ƙarfinsa. Abin da aka haɗa a ƙarar da shi ranar.

Masu cewa maganin jabu ne, sau da yawa tsinka shi suka yi da ruwa fiye da kima: fara ta zube kamar ta mutu, bayan awa kaɗan ta farfaɗo. Ko kuma da tsakar rana suka fesa, alhali irin wannan magani ƙarfinsa raguwa yake yi da zafi, farar ma ta riga ta watse. Jabun dai akwai shi, don haka a duba lambar NAFDAC da ranar ƙarewar aiki, murfi kuma ya kasance ba a taɓa ɓalle shi ba.

Aibinsa babba ne ga masu lambu a bakin rafi. Kifi ba ya jure ko kaɗan daga cikinsa, haka ƙudan zuma, saboda haka kar a wanke famfo a rafi, kar a fesa kan tsiro mai fure. Idan ya taɓa fuska yana sa zugi da ƙaiƙayi, a rufe hanci da hannu, a juya wa iska baya. A tsare kaji da yara daga farar da ta zube. Alayyafo da latas kuwa kar a yanka sai kwanakin da takarda ta gindaya sun cika.

Ƙwan da ke ƙasa lambda bai san da shi ba. Wannan aikin fartanya ne: a lura da inda manyan ke taruwa a Maris da Afrilu, a kafa alama, bayan sun gama a tone wajen a baza wa rana.